Kafintan da Ya Hana Ciyarwa

Girman kai rawanin tsiya ne.

Matar kafinta ta koma gidan yayanta, alƙali ya ce ciyarwarta na wuyan mijin tunda aure bai mutu ba. Kafinta ya ƙi. Ba rowa ba ce, kewarta ke cinsa, yana zaton yunwa za ta koro masa ita. Kullum yana goge katako, idonsa na ƙofa.

Ita kuwa duk ƙarshen wata sai ta tambaya, "Yaya, bai aiko ba?"

"Ko ƙwayar shinkafa."

"Da ko sabulu ya aiko, da na san ina ransa, na koma."

A wata na shida alƙali ya raba auren. Kafinta ya tsira da buhun shinkafa shida, ya rasa zaman shekara ashirin.