Littafin da Za a Jefa a Teku

"Halas, shi ke nan! Gobe littafin nan sai teku," in ji maigidan, ranar da tuwo ya ƙone karo na biyu.

Wata 'yar'uwar matarsa ce ta zo da shi Jidda daga Yamai lokacin aikin Hajji. A duk layinsu a unguwar Kurayyat, matar maigidan ce kaɗai ta yi karatun Faransanci. Kullum bayan la'asar mata maƙwabta sukan cika tsakar gidan, suna ɓarar gyaɗa, tana fassara musu rayuwar wata Bafaranshiya: yadda ta kayar da maza a jarrabawar falsafa, ta ƙi aure, ta rubuta cewa ba a halicci mace don murhu kaɗai ba.

"To, Malam," ta ce. "Ka bar mu mu yi karatun bankwana."

Washegari ta kai inda manyan malaman birnin Faris suka yi wa marubuciyar ca, suna zaginta a jaridu. Sai ta tuna da tukunya, ta rufe littafin, ta miƙe.

"Wayyo, tuwona!"

"Zauna, yalla, maza ci gaba!" wata murya ta faɗa daga madafa. "Ta rama ko ba ta rama ba?"

Matan suka leƙa. Maigidan ne, ya naɗe hannun riga, gumi na zuba, ya riƙe muciya kamar mai tuƙa kwalekwale.

Tuwon ya yi gudaji, amma bai ƙone ba. Teku kuwa har yau tana jira.