Takalman Mamaci a Bakin Ƙofa

Zauna, Malam Sabi'u, ka daina huci don darakta ya maido maka da rubutunka. Bari in ba ka misali. A ƙasar Japan an yi wata marubuciya, littattafanta goma sha ɗaya, har a makarantu ana karanta su. Wani gidan talbijin ya roƙe ta ta rubuta masa wasan kwaikwayo, ta ce ai wannan abin wasa ne, cikin wata guda ta kawo. Ranar gwaji aka zo wurin da mijin jarumar ya rasu. Shafi shida marubuciyar ta cika da abin da ke cikin zuciyar matar, rubutu mai kyau wallahi, amma 'yar wasan ta tsaya ƙiƙam a tsakiyar ɗaki, ta rasa inda za ta sa hannuwanta. Darakta ya ce shi dai kyamararsa ba ta ɗaukar tunani. Aka ba marubuciyar kwana bakwai: ko ta gyara, ko a miƙa wa wani, duniya ta ji cewa ta kasa. Ranta ya ɓaci matuƙa, don shekara ashirin ba wanda ya taɓa goge mata ko wasali.

To, ga inda matar nan ta burge ni. Ba ta yi zuciya ba. Washegari ta dawo ta zauna cikin ma'aikata, tana tambayar kowa yadda baƙin ciki yake a ido. Har ta kai kan wata tsohuwa mai jera kayan da ake amfani da su a wasan, wadda ko sunanta ba a damu da sani ba. Ka san mutanen can ba sa shiga gida da takalmi. A bakin ƙofa ake cirewa, a juya kansa waje don mai fita. Tsohuwar ta ce, "Ni da mijina ya rasu ban yi wani tunani ba. Shekara guda kullum da safe ina juya masa takalmansa." Marubuciyar ta sunkuya mata a gaban kowa, ta roƙe ta ta nuna mata yadda take juya takalman. Ga mai littafi goma sha ɗaya gwiwa a ƙasa, tsohuwa tana gyara mata hannu har sau uku, tana ce mata ta cika sauri! Marubuciyar ta koma ta yage shafi shidan, ta rubuta layi biyu kacal: matar ta goge takalman, ta juya su waje, ta jira. Ranar ɗauka sai da mai kyamara ya nemi a dakata ya share ido. Wasan ya zauna a hannunta, ta rubuta wasu da dama bayansa, kuma littattafanta ba su ragu da komai ba. Shi ya sa Hausawa suka ce, durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne.