Lamba Talatin da Bakwai a Gasar Doriana

Lamba talatin da bakwai aka manna wa Rachele Tramutola a ƙirji, aka nuna mata benci. Matan da ke gabanta duk sun rina gashi ja irin na Doriana Sarti, kowacce ta ɗiga baƙin tabo a gefen leɓe. Ita kuwa da furfurarta ta zo, cikin rigar zuwa coci, ga ta gajeriya, ga shekara arba'in da huɗu a kanta.

Gidan talabijin na Roma ne ya shirya gasar. Wadda ta fi iya kwaikwayon waƙar Doriana za ta fito ranar Asabar da fuskarta da sunanta, ƙasa duka na kallo. Wannan kaɗai ya kawo Rachele. A ƙauyensu can kudu talabijin ɗaya ce tak, a shagon kofi, kuma shekara goma sha biyu ke nan mahaifiyarta na gaya wa mutane 'yarta mawaƙiya ce a birni. Matan layi har sun mai da abin wasa.

"Inna Concetta, jiya ma ba mu ga 'yar taki a akwati ba. Ko sai an kashe take fitowa? Mu dai gani ya kori ji."

Yanzu idon tsohuwar ya fara tafiya. Likita ya ce in akwai abin da take son gani, ta gan shi bana.

Doriana kuwa ba sai an gabatar da ita ba. Fim goma sha tara, miji uku, ga sabulu mai hotonta. 'Yan jarida sun ce muryarta ce ta share wa ƙasa hawayen yaƙi. Ba ta taɓa rera waƙa a gaban taro ba, don wai iskar zaure na ɓata mata maƙogwaro, kuma wannan ma ƙara mata daraja ya yi. Mutanen Roma, in ka hana su abu, sai su ninka maka kuɗinsa.

Sai da rana ta take aka kira Rachele. Alƙalai biyu ne a bayan tebur: Maestro Ubaldini, mai kula da kiɗan gidan, wanda ke taƙama ko sauro ya yi kuka ya san a wane sauti yake, sai Doriana da kanta cikin baƙin tabarau. Da Rachele ta shigo, taba ta suɓuce daga yatsun tauraruwar.

Maestro ya dube ta sama da ƙasa, abin bai ɗau lokaci ba.

"Baiwar Allah, masu shara ta ƙofar baya suke shiga."

"Waƙa na zo yi, Maestro."

"To fa! Wace sana'a kike?"

"Ina aiki a kamfanin fim. A ɗakin ƙasa."

"Ɗinki ke nan. Bismillah, mu ji, taliyata na hucewa."

Ta zaɓi waƙar jirgin Napoli, wadda ko masu wankin kaya sun haddace. Ba ta karkata kai ba, ba ta dafa ƙirji kamar sauran ba. Tsayawa kawai ta yi cak, ido a rufe, hannu ɗaya a kan kunne, ta buɗe baki. Mai buga fiyano ya ɗago kai, ya kasa mayarwa. Masu jan waya a bayan kyamara suka tsaya da aiki. Rachele ta ji a ranta ba ta taɓa rera ta da kyau kamar yau ba, farin ciki ya cika ta.

Maestro ya ɗaga fensir tun kafin ta sauke baitin ƙarshe.

"Kin yi ƙoƙari. Amma kwaikwayo ne, kuma ana jin ɗinkin. Kin ɗauka Doriana irin 'yan fim ɗin nan ce masu ƙirga ɗaya, biyu, uku a gaban kyamara, a zo a liƙa musu magana daga baya? Wannan murya daga wannan fuska take fitowa. Ke kuwa, ki yi haƙuri, ba ki da wurin da za ta fito." Ya juya. "Ko ba haka ba, ranki ya daɗe?"

Doriana ta gyara tabarau. "Maestro ya fi ni sani," in ji ta. Sannan a hankali, ba tare da ta dubi Rachele ba: "Ki rufe wuyanki in za ki fita. Akwai iska."

Maestro ya ji daɗin wannan tausayi ƙwarai, har ya ga ya kamata shi ma ya yi alheri. Ya sa aka ɗora faifan waƙar.

"Tsaya ki ƙaru kafin ki tafi. Saurara nan, baiti na uku. Kin ji wannan 'yar dushewar? Kamar kuka ya shaƙe ta? Na rubuta shafi biyu a jarida a kanta. Wannan ciwon zuciya ne na gaske, ba a koyon shi, ba a saye. Ke kin rera wurin tas kamar ruwan famfo. Ko za ki shekara ɗari ba za ki kamo ta ba."

Wata mai jan gashi, lamba goma sha ɗaya, aka ba ranar Asabar.

Rachele ta cire lambarta ta ajiye a kan fiyano. Ta buɗe baki, ta tuna takardar rufin asirin da ta sa wa hannu shekara goma sha biyu da suka wuce, ta rufe. Kuma Maestro bai yi ƙarya ba, dushewar nan ba za ta sake kamo ta yau ba: ranar da ta rera waƙar da ke cikin faifan nan a ɗakin ƙasa, Doriana na bakin teku da mijinta na biyu, ita kuwa mura take yi.