Matar da Ta Zuba Rana a Tukunya

A wata bazara, a wani ƙauye da wayar lantarki ba ta kai ba, wata mata mai sana'ar ƙyanƙyasar ƙwan zabi ta lura da wata ɓarna. Farantan sola da ke kan rufinta da fankar iska da ke bayan gida sukan cika batir tun da hantsi, sauran wutar yinin ta tafi a banza, don zabi ba sa saka ƙwai sai damina. Damina kuwa ta san halinta. Bara marka ta yi kwana huɗu, batir ya mutu a na biyu, ƙwai ɗari takwas suka huce a cikin na'urar ƙyanƙyasa. Sai ta sayar da saniyarta guda tilo, ta ɗauko injiniya daga birni, ya kafa mata injin da ke raba ruwa da ƙarfin lantarki, ya fitar da iskar da ake kira haidurojin, ya ɗura ta a tukwanen ƙarfe. Aka yi wa tukwanen rumfa can ƙarshen fili, nesa da murhu, don iska ce mai saurin kama wuta. Kullum da safe takan tace ruwa ta zuba wa injin. Ƙanin mijinta, shi ma mai wannan sana'a, yakan rufe farantansa da tabarma duk bazara, wai kada rana ta cinye su. Yakan leƙo ta katanga ya ce, "Matarmu, saniya sukutum kika bayar a kan tukunyar da ko an girgiza ba a jin motsi?" Takan ce, "Kai dai riƙe tabarmarka da kyau."

Cikin watan Agusta, saura kwana huɗu ƙwai su fashe, sama ta rufe, iska ta kwanta, yayyafi ya kafa zango. A rana ta biyu batir ya fara kukan ƙarewar caji. Ta je rumfa, ta yi bisimilla ta murɗa bakin tukunyar farko, kamar yadda mahaifinta ba ya fasa rumbun tsimi sai irin wannan wata. Wani ƙaramin akwati ya karɓi iskar ya mayar da ita lantarki, ba ƙara, ba hayaƙi, sai ruwa da ke ɗiga daga gindinsa. Ta sa tafin hannu a kan ƙwai, ta ji ɗuminsu na nan. Da la'asar sai ga ƙanin miji ya yi sallama, a jiƙe, rungume da ƙwaryar ƙwansa nannaɗe da bargo. Ba ta tambaye shi labarin tabarma ba. Ta matsa nata, ta jera nasa a gefe. Ranar da gari ya washe, kukan 'yan zabin gida biyu ya cika ɗakin, sauran tukwane uku kuma ko taɓa su ba a yi ba.

Hausawa dai sun ce, ajiya maganin wata rana.