Igiyar Mai Awo

Igiyar ta sake gazawa. Tsoho ya ja ta har ta miƙe, amma tsakanin bakinta da ƙusa akwai faɗin yatsa shida.

"Shida," ya ce. "Makon jiya biyar ne. Ke yarinya, me kike dafawa a cikin nan naki?"

Surukar tasa tana tsaye a ƙofar kicin. A ranta ta ce, abin da zai shaƙe ka.

Shekara talatin Tsoho ya yi yana awon filaye, shi ya sa har yau ake ce masa Mai Awo. Da ya bar aiki sai ya zo da wani zance. Wai ban da tsawo da faɗi da zurfi, akwai fili na huɗu da ido ba ya gani. Zuciya ce ke jin sa, shi ya sa mutum kan shiga ɗakin da aka yi faɗa ya ji tsigar jikinsa ta tashi. Kuma zuciya ce ke gina shi. Ƙauna tana tsuke shi, ƙiyayya tana buɗa shi, idan ta yi yawa har ƙasar da ake takawa sai ta miƙe.

Ranar da aka kawo matar ɗansa ya kafa ƙusa biyu, ɗaya a dokin ƙofarsa, ɗaya a nata. Ya auna da jar igiyarsa ta aiki, ta kai cif. Shekara uku tana kaiwa, suna zaman doya da manja, shi yana kushe girkinta, ita tana yi masa shara da ƙura lokacin da yake cin abinci. Sai bana igiya ta fara gazawa, duk Asabar yatsa guda.

"Ranar da ta gaza da taƙi ɗaya, na rantse ko ni ko ke a gidan nan," in ji shi.

Mijinta tela ne, mai sanyin hali, wanda bai taɓa iya cewa a'a da bakinsa ba. Ko mai kawo ɗinki ne ya ishe shi, ba ya korarsa, sai dai ya riƙa matse masa riga har ya daina zuwa don kansa. Shi ke naɗe wa uban igiya bayan awo ya rataye, don hannun Tsoho rawa yake yi, ko kofi ba ya riƙewa sai ya zubar.

"Ka auna da tef ɗinka mana, a huta," ta ce masa.

"Baba ba zai yarda da wani awo ba. Ki dai gyara zuciyarki, shi ke nan."

Ta tabbata tsohon ne ke maguɗi. Da ya fita shan iska ta duba ƙusoshin. Sun yi tsatsa a inda suke, ba wanda ya taɓa su. Ta shiga ɗakinsa ta sauke igiyar. Bakinta a naɗe yake da baƙin zare, tsaf, kamar kullum. Ta ɗaga katifa, ta zazzage akwati. Ko reza babu.

Ta auna tsakanin ƙusoshin da ƙafarta, taku goma sha huɗu, yadda ta sani. Ta faɗa wa Tsoho a gaban ɗansa.

"Jahilci!" ya ce. "Ƙafarki ai da ke take tafiya, tare kuke miƙewa. Igiya ce kaɗai ba ta da zuciya."

Daga nan tsoro ya kama ta, don ta san abin da ke ranta. Ta tsane shi, tsana ta gaske. Idan ta ɗauko kwanonsa sai ta ji tsakar gidan ya yi mata nisa. Ta fara durƙusawa tana gaishe shi, ta wanke masa kaya, ta cije haƙori tana yi masa fatan alheri. Asabar ta zo, yatsa bakwai.

"Durƙuson munafunci," ya ce. "Ƙasa ba ta cin hanci."

A mako na goma ya ɗora hannunsa mai rawa a tsakanin igiya da ƙusa. Taƙi ɗaya. Bai yi murna ba, shi ma ya tsorata da abin da ya gani.

Tela ya sunkuyar da kai. "Kin ji rantsuwar Baba. Ni ba zan iya korar mahaifina ba. Ba ni na yi ba, ke ma kin gani da idonki."

Ba ta yi musu ba. Ta shiga haɗa kaya tana kuka, tana tsine wa zuciyarta. Da ta ɗaga jakarta sai hannun jakar ya ɓalle. Ta nufi keken ɗinkin mijin neman allura, ta jawo ƙaramar durowar da ba ta taɓa buɗewa ba.

A ciki, kusa da almakashi da baƙin zare, guntayen jar igiya ne guda goma a jere, kowanne faɗin yatsa.