Injin Sa Hannu

Ana tsakiyar tafa wa Sanata, ranar sallamarsa bayan shekara arba'in a Washington, sai wata tsohuwa ta tare shi da damin wasiƙu.

"Kana ƙaramin lauya ka ce ɗana ya amsa laifi kawai, za ka fito da shi. Na yi ta rubuto maka wasiƙu, ga amsoshinka."

Bai taɓa ganin ko ɗaya ba. Injin ofishinsa ke sa musu hannu.

Ta zaro ta ƙarshe, amsar wadda ta aika ranar da ɗan ya rasu a kurkuku: "Na gode da goyon bayanki."

"Ga alƙalami, Sanata. Wannan kam sa mata hannu da kanka."

Hannun da ya gaisa da dubban mutane ya ƙi fitowa daga aljihu.