Mutuwa ta Goma Sha Biyu

Kafin kowa a kasuwar Maigatari ya ankara, wani ɗan wasan fim ne ya fara hango sandunan makiyaya sun nufo shi. Shekarar fari ce, ɓarayi sun kore wa makiyaya ɗan abin da ya rage na shanu, kuma a satin nan majigi ya haska fuskarsa a bango yana yanka makiyayi.

Shekara bakwai Turawa masu fim ɗin araha suna ɗaukarsa saboda munin fuskarsa. Shi ne ɓarawo, shi ne ɗan fashi, kuma kowane fim sai an kashe shi. Sau goma sha ɗaya yana mutuwa.

"Ga mai yankan mutanen nan!"

"Bayin Allah, wasa ne! Jinin rago ne!"

"Da idona na gan ka, la'ananne!"

Gorar farko ta fasa masa ƙeya. Ta biyu ta karya haƙarƙari, ta uku ta zubar da haƙora huɗu. Da ya ga wani ya zaro wuƙa, sai ya yi abin da ya fi kowa iyawa. Ya shure ƙafa sau biyu, ya kafe ido, ya saki baki. Ƙuda ya sauka a ƙwayar idonsa, bai ƙifta ba.

"Ya tafi," in ji mai wuƙar, ya mayar da ita kube.

Ni ne mutumin nan. Ban taɓa shiga aji ba, amma duk ƙasar Gumel ba a haifi wanda ya iya mutuwa kamata ba. Mai musu ya zo Gagarawa, ya zura yatsa a ramin ƙeyata, ya ga ko zai taɓo ƙarshensa.